Kama Da Wane Ba Ta Wane: Kada A Rataye Mutum Bisa Shaidar Ido Guda

Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma a harkar duniya ta yau da kullum maganar tana bisa hanya, domin ganau ya fi jiyau a wurin ciniki da rikicin iyakar gona. Amma Hausawan nan dai su ne suka ce kama da wane ba ta wane, kuma wannan karin magana na biyu shi ake mantawa da shi a ƙofar kotu ranar da aka ɗora ran mutum bisa ma'auni. A dokar Nijeriya yadda take a yau, mutum guda yana iya tsayawa gaban Babbar Kotun Jihar Taraba a Jalingo, ya miƙa yatsa ya ce wancan ne ya gani ya yi kisa, alƙali ya gaskata shi ya yanke hukuncin rataya, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar, Kotun Ƙoli ta rufe magana, alhali ba a sami wuƙa ba, ba a gwada jini ba, ba a kuwa sami mutum na biyu da ya ga abin ba. Wannan ganganci ne da ran talaka, kuma lokaci ya yi da wakilan jama'a za su gyara shi.

ABIN DA DOKA TA CE

Jihar Taraba, wadda aka yanko daga tsohuwar Jihar Gongola ran 27 ga Agusta 1991, ta gaji tsarin Final Kod da ya fara aiki a Arewa a 1960, wanda sashe na 221 nasa ya ajiye hukuncin kisa ga wanda ya kashe rai da gangan. Kotuna sun daɗe da zayyana hanyoyi uku na tabbatar da irin wannan laifi, watau shaidar wanda ya gani da ido, ko amsa laifi daga bakin wanda ake tuhuma, ko alamomin da suka haɗu suka nuna mutum guda. Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ɗora wa mai gabatar da ƙara nauyin kawar da duk wani kokwanto mai ma'ana. Har nan babu abin faɗa.

Inda gizo ke saƙa shi ne sashe na 200 na wannan doka, wanda ya ce, ban da 'yan wurare ƙalilan, ba a bukatar wani adadi na shaidu kafin a tabbatar da magana. To, mai karatu ya dubi wuraren da doka ta ga shaida guda bai isa ba. Ba a kama mutum da laifin shaidar zur bisa bakin mutum guda kawai. Ba a hukunta direba kan gudun wuce ƙa'ida don wani ya ce a ganinsa gudun ya yi yawa. Matar da ta kai ƙarar namiji cewa ya saɓa alkawarin aure, sashe na 197 ya ce sai ta kawo abin da zai dafa wa maganarta. Watau doka ta ji tausayin direban tirela kada a ci shi tara a banza, ta ji tausayin saurayi kada a ƙaƙaba masa diyya, amma da aka zo kan wuyan ɗan Adam sai ta ce ido guda ya wadatar. Duk wanda ya tsara wannan ma'auni ya ɗauki rai da arha.

YADDA SHAIDA KE ZAMA TAKARDA

A ƙaddara an kashe mutum da daddare a wani lungu na Mayo-Gwoi ko Sabon Gari a Jalingo, babu wutar lantarki, ana ihu, kowa na ta kansa. Wani ya hango mai wuƙa na ɗan lokacin da bai wuce ƙiftawa da bismilla ba, idonsa kuwa rabi a kan wuƙar, rabi a kan hanyar gudu. Kafin gari ya waye unguwa ta ɗauka, an ambaci sunan wane, an ce dama yana da rikici da mamacin. Kwana biyu ko mako guda bayan haka a kai mai shaida caji ofis, ya tarar da mutum guda zaune a bayan kanta da ankwa a hannu, ɗan sanda ya tambaye shi ko wannan ne. Mutum nawa ne za su ce a'a?

Daga nan maganar ta shiga wata tafiya. Taraba ƙasa ce ta harsuna da yawa, akwai Mumuye da Fulatanci da Jukunanci da Tibi da Kuteb da Mambila da sauransu, Hausa kuwa ita ce ta kasuwa. Mai shaida ya yi bayani da harshensa ko da Hausar da ya iya, ɗan sanda ya rubuta da Turancin da ya iya, a dangwala yatsa. Shekara biyu ko uku ta wuce ana ɗage zama, sa'an nan a kira shi kotu, tafinta ya juya, alƙali ya rubuta. Tsakanin "kamar shi ne" da "shi ne" akwai tazarar da ta kai tsakanin rai da mutuwa, amma a bakin tafintan da ya gaji kalma guda ce ke faɗuwa. Kuma duk lokacin da mai shaida ya maimaita labarin, tabbacinsa sai ya ƙaru, har ranar da zai rantse a gaban kotu ba ya tuna cewa a daren farko shi kansa yana waswasi.

ABIN DA KOTUN SAMA KE GANI

Mutane da yawa suna kwantar da hankalinsu da cewa ai akwai ɗaukaka ƙara. Gaskiya ne akwai. Kundin Tsarin Mulki na 1999, a sashe na 241 da na 233, ya ba wanda aka yanke wa hukuncin kisa ikon ɗaukaka ƙara ba sai ya nemi izini ba. Mutumin Jalingo yana da kwana 90 ya kai kukansa Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke zama a Yola, in ya faɗi can yana da kwana 30 ya nufi Kotun Ƙoli a Abuja. Amma ya kamata kowa ya san abin da ake yi a waɗannan kotuna. Ba a sake kiran shaidu. Alƙalan Yola ba za su ga fuskar mai shaida ba, ba za su ji rawar muryarsa ba, ba za su je lungun da aka yi kisan su ga irin duhunsa ba. Abin da ke gabansu kundin shari'a ne, watau abin da alƙalin farko ya rubuta, da muhawarar lauyoyi.

Saboda haka ne kotunan sama suka kafa wa kansu ƙa'ida cewa gaskata shaida ko ƙaryata shi aikin alƙalin da ya gan shi ne, su ba sa tsoma baki sai in hukuncin ya karkace a fili. In kuma kotuna biyu na ƙasa suka dace a kan abin da ya faru, Kotun Ƙoli ba ta cika rushewa ba sai da dalili mai ƙarfin gaske. Ma'anar wannan ga talaka ita ce, in alƙalin Jalingo ya rubuta cewa ya gaskata shaida na farko, wannan layi guda shi zai bi fursuna har Abuja, kuma da wuya a kankare shi. Kuskuren da aka yi a caji ofis a makon farko shi ake ta buga wa hatimi daga bene zuwa bene.

Ga kuma tsawon hanyar. Shari'ar Sunday Jackson, manomin Jihar Adamawa maƙwabciyar Taraba, ta bi wannan turba ta Yola zuwa Abuja. An tuhume shi da kashe wani makiyayi a 2015, shi kuwa ya ce kare kansa ya yi. Babbar Kotu a Yola ta yanke masa hukuncin kisa a 2021, Kotun Ƙoli ta tabbatar ran 7 ga Maris 2025, Mai Shari'a Helen Ogunwumiju kuwa ta saɓa wa sauran alƙalan, daga bisani Gwamna Ahmadu Fintiri ya yi masa afuwa a Disambar 2025. Ran makiyayin nan rai ne, kuma danginsa suna da haƙƙi kamar kowa. Abin lura a nan shi ne shekara goma aka yi ana jan magana, bayanin da aka rubuta a hannun 'yan sanda tun farko shi ne ƙashin bayanta, kuma manyan alƙalan ƙasa suka karanta kundi guda suka fito da fahimta biyu. In haka takarda take a hannun masana, to, me ya sa za a ɗora mata nauyin igiya ita kaɗai?

IDO YANA KUSKURE KO DA ZUCIYA TANA DA GASKIYA

Mai shaidar zur sananne ne, kuma lauya mai wayo kan kama shi, gama ramin ƙarya ƙurarre ne. Wanda ya fi haɗari shi ne mutumin kirki da ya rantse bisa abin da ya gaskata, alhali idonsa ya ruɗe shi. Irin wannan ba ya in-ina, ba ya sunkuyar da kai, tambayoyin ƙure ba sa girgiza shi, don haka alƙali ya fi saurin yarda da shi.

A Jihar Maryland ta Amurka an yanke wa Kirk Bloodsworth hukuncin kisa a 1985 bisa kisan wata yarinya 'yar shekara tara, bayan shaidu biyar sun ce sun gan shi. An rushe hukuncin, aka sake shari'a, aka sake kama shi da laifi. Sai a 1993 gwajin ƙwayar halitta, watau DNA, ya wanke shi bayan ya yi kusan shekara tara a kurkuku, a 2003 kuma gwajin ya nuna ainihin wanda ya yi kisan. Shaidu biyar ke nan, ba ɗaya ba. Ƙungiyar Innocence Project ta can Amurka ta ƙirga mutum 375 da irin wannan gwaji ya wanke daga 1989 zuwa 2020, ta tarar kashi 69 cikin 100 nasu kuskuren shaidar gani da ido yana cikin abin da ya kai su kurkuku. Wannan a ƙasar da ke da fitilun titi da ɗakunan gwaji ke nan. A Nijeriya, inda da wuya a ga an gwada jini a shari'ar kisan talaka, irin waɗannan mutane babu abin da zai fito da su.

Akwai kuma wani abu da masana halayyar ɗan Adam suka gwada suka tabbatar, cewa mutum ya fi kuskure wajen gane fuskar wanda ba jinsinsa ba. Fuskokin mutanen da ya tashi a cikinsu yana rarrabe su daki-daki, amma baƙi sai ya ga duk ɗaya suke. Labarin Mahmud Mattan ya isa wa'azi. Basomale ne, Musulmi, ma'aikacin jirgin ruwa da ya zauna a birnin Kadif na ƙasar Birtaniya, Turancinsa kuwa bai nuna ba. A watan Maris 1952 aka yanka wata mai kanti a unguwar baƙi ta bakin tashar jiragen ruwa. Wani mutum ya ce ya ga Mattan yana fitowa daga wajen kantin, aka yanke masa hukunci, aka ƙi karɓar ƙararsa, aka rataye shi ran 3 ga Satumba 1952. Abin da aka ɓoye wa masu yanke hukunci shi ne bayanin farko da shaidan nan ya yi wa 'yan sanda ya siffanta wani Basomale dabam, kuma wasu shaidu sun kasa nuna Mattan da aka jera musu mutane. A 1998, bayan shekara 46, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Ingila ta rushe hukuncin, a 2022 kuma 'yan sandan yankin suka nemi gafarar zuriyarsa. Kotu ta mayar masa da sunansa, amma babu kotun da ke mayar da rai.

INDA TA SHAFI 'YAN AREWA MAZAUNA KUDU

Ɗan Arewa da ke neman abinci a Agege ko Idi-Araba ko Obalende a Ikko, ko a Sabon Badun, ko Anacha da Inugu da Fatakwal, ba ya bukatar a fassara masa labarin Mattan. Ya san yadda sunansa na yanka ke ɓacewa a bakin mutanen gari, kowa ya koma Malam ko Aboki, Bahaushe da Bafulatani da Babarbare da ɗan Mumuye da mutumin Nijar duk a zuba su a buhu guda. Ranar da aka yi aika-aika a unguwa aka ce wani mai doguwar riga da hula ne, to, mai gadi da mai shayi da ɗan acaba da mai yankan farce duk sun shiga siffar. Wanda aka fara cafkewa shi za a nuna wa mai shaida, mai shaida kuma, da zuciya ɗaya, ya ga kama ya ce wane ne.

Abin da ya faru a Uromi ta Jihar Edo ran 27 ga Maris 2025 ya nuna ƙarshen wannan hanya in babu kotu ma gaba ɗaya. Mafarauta 16 'yan Arewa da suka taso daga wajen Fatakwal za su gida hutun salla, aka tare motarsu, aka ga bindigogin farauta, aka yi shelar masu satar mutane ne, aka hallaka su. Waɗanda suka yi ihun nan da idonsu suka ga bindigogi, amma abin da suka ɗora a kan ganin ƙarya ne. Ana gina kotu domin ta tsaya tsakanin ido da hukunci, ta tambayi abin da taron jama'a ba ya tsayawa ya tambaya. Kotun da ta karɓi "na gan shi" ba tare da awo ba ta yi aikin taron kasuwa ne cikin rigar alƙalci.

Adalci kuma ya tilasta a faɗi ɗaya gefen. Ciwon nan ba na mutanen Kudu kaɗai ba ne. Ɗan kasuwar Ibo a Jalingo, ko manomin Tibi a ƙasar Wukari, ko makiyayi a tsaunin Mambila, kowannensu yana iya faɗawa hannun shaidan da ke ganin ƙabilarsa kafin ya ga fuskarsa, balle a wuraren da rikicin ƙabilanci ya bar gaba a zukata. Wanda yake so a auna shaida kafin a rataye ɗan'uwansa a Ikko, dole ya yarda a auna ta kafin a rataye baƙo a garinsu.

MA'AUNIN YANA NAN, AMFANI DA SHI NE BABU

Ba a ce alƙalan Nijeriya ba su san wannan haɗari ba. Tun 1976 kotun Ingila, a shari'ar Turnbull, ta jera tambayoyin da ya wajaba a yi wa shaidar gane fuska: tsawon lokacin da mai shaida ya yi yana kallo, nisan da ke tsakani, irin hasken wurin, ko wani abu ya tare masa gani, ko ya san mutumin a da, kwana nawa suka wuce kafin ya nuna shi, da kuma ko siffar da ya fara bayarwa ta dace da wanda ke tsaye a kotu. Kotun Ƙolin Nijeriya ta ɗauki wannan ma'auni. A shari'ar Abudu ta 1985 ta yi gargaɗi cewa shaidan da ya ce ya san mai laifi amma bai ambaci sunansa tun a damar farko ba, sai a yi hattara da maganarsa ta baya in babu gamsasshen dalili. A shari'ar Ikemson ta 1989 ta bayyana inda ake bukatar faretin gane mai laifi, watau inda shaida bai san mutumin ba a da, ko ya gan shi na ɗan lokaci kaɗan, ko halin da ake ciki bai ba shi damar duban fuska sosai ba.

Abin takaici shi ne duk waɗannan gargaɗi ne, kuma gargaɗi yana aiki ne in akwai lauyan da zai tashi ya tuna wa kotu. Mai kuɗi yana da babban lauya da zai tone bayanin farko ya kwatanta shi da na kotu kalma bayan kalma. Talaka kuwa sai wanda aka ba shi, wani lokaci lauyan bai gan shi ba sai safiyar zama. Hukumar Ba Da Taimakon Lauya da aka kafa tun 1976 tana ƙoƙari, amma hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Tambayar da ba a yi wa shaida a Jalingo ba, ba ta shiga kundi, abin da ba ya cikin kundi kuwa alƙalan Yola da Abuja ba su da ikon ƙirƙiro shi.

Abin mamaki shi ne magabata sun fi wannan tsantseni. A fiƙihun Malikiyya da alƙalan Arewa suka yi aiki da shi a shari'ar jini kafin 1960, ƙisasi bisa shaida yana bukatar maza biyu adalai. Ana yi musu tazkiyya a binciki halinsu, ba a karɓar shaidar maƙiyi a kan maƙiyinsa, sa'an nan a yi i'izari, a ba wanda ake tuhuma dama ya soki shaidun kafin a yanke. In shaida guda ne kawai, maganarsa ba ta kashe mutum ita kaɗai, sai an haɗa da rantsuwar ƙasama har hamsin daga magadan mamaci. Kirista ma ya san littafin Maimaitawar Shari'a ya hana a kashe mutum bisa bakin shaida guda. Masallaci da majami'a a Jalingo sun dace a kan wannan, dokar boko ce kaɗai ta sassauta.

AMSA GA MASU CEWA ZA A SAKI MASU KISA

Za a sami masu cewa in aka tsaurara, masu kisa za su riƙa fita suna dariya, tun da a ƙauye babu wata hujja sai ido, kuma mai kisa ba ya gayyatar 'yan kallo. Wannan damuwa ce ta gaskiya, uwar da aka kashe wa ɗa kuwa ba a yi mata wasa da hankali. Amma a lura da abu biyu. Na farko, babu mai cewa a jefar da shaidar ido. Matar da ta ga maƙwabcinta na shekara ashirin ya sari mijinta da rana tsaka, ta kuma faɗi sunansa nan take, shaidarta dutse ce. Wadda ake magana a kai ita ce shaidar wanda ya hangi baƙuwar fuska cikin duhu da firgita, ko wanda bai tuna da suna ba sai da unguwa ta tuna masa. Na biyu, duk ranar da aka rataye wanda bai ji ba bai gani ba, an rufe fayil, mai kisan na gaske kuwa yana yawo a kasuwa da wuƙarsa. Dangin mamaci ba su sami haƙƙinsu ba, an dai ƙara gawa a kan gawa.

Masu cewa ai gwamnoni ba sa sa hannu a rataye kowa, su ma su sake tunani. Fiye da mutum 3,000 ne ke zaune a kurkukun ƙasar nan da hukuncin kisa a kansu, zaman jiran hauni kuwa shi ma azaba ne. An kuma zartar da hukuncin a Jihar Edo a 2013 da 2016. Mazauna Badun su tuna da Nasiru Bello, wanda Babbar Kotun Jihar Oyo ta yanke wa hukuncin kisa a 1980, ya ɗaukaka ƙara, aka kashe shi a 1981 tun ba a saurari ƙarar ba. A 1986 Kotun Ƙoli ta ce an keta doka, amma mai ƙarar yana kabari. Hukumar da ta taɓa yin irin wannan ba a miƙa mata wuyan mutum bisa alkawarin cewa ba za ta ja igiya ba.

ABIN DA YA WAJABA A YI

Dokar shaida tana hannun Majalisar Tarayya ne, don haka nauyin farko yana kan sanatoci da wakilai, musamman na jam'iyyar da ke kiran kanta ta talakawa. A gyara sashe na 200, a sa cewa ba a yanke hukuncin kisa bisa shaidar mutum guda da bai san wanda ake tuhuma ba a da, sai da wata hujja dabam mai dafa mata. A wajabta wa 'yan sanda rubuta siffar da mai shaida ya bayar tun kafin a nuna masa kowa, a yi fareti na gaskiya da mutane masu kama da juna a ƙarƙashin jami'in da ba shi ke binciken ba, a ɗauki hotonsa na bidiyo. A miƙa wa lauyan wanda ake tuhuma duk bayanan farko, har da na shaidun da suka kasa gane shi. Majalisar Dokokin Taraba da takwarorinta su ware kuɗin naɗar muryar shaidu da harshen da suka yi magana, domin kotun sama ta ji abin da aka faɗa da kunnenta, su ɗauki ƙwararrun tafintoci, su kuma haɗa hannu su kafa ɗakin gwajin jini a Arewa maso Gabas. Gwamna kuwa, da sashe na 212 ya ba shi ikon afuwa, kada alƙalaminsa ya taɓa takardar kisan da ta tsaya bisa ido guda.

Kafin a kai ga wannan, rigakafi yana hannun jama'a. Wanda aka kama ya sani sashe na 35 ya ba shi ikon yin shiru har ya ga lauya, sashe na 36 kuma ya ba shi tafinta kyauta a kotu in bai ji harshen da ake shari'a da shi ba. Kada ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa da harshensa ba. In yana wani wuri lokacin da aka yi kisan, ya faɗa tun a bayaninsa na farko, da sunan wurin da lokacin da mutanen da yake tare da su, domin kotuna ba sa ba wannan hujja nauyi in an ɓoye ta sai ranar shari'a. Sarakunan Hausawa na zango-zango da shugabannin 'yan kasuwa da na direbobi su san wanda ya sauka da wanda ya tashi, su buɗe asusun ɗaukar lauya tun ranar kamu, su kuma riƙa ƙirga kwanakin ɗaukaka ƙara kada su wuce ana jiran taimako daga gida.

Wanda kuma Allah ya nufa ya zama shi ne mai shaida, ya ji tsoron ranar da gaɓoɓinsa za su ba da shaida a kansa. In ya gani sarai, ya fito ya faɗa ko da ɗan garinsu ne, gama ɓoye shaida zalunci ne ga mamaci. In kuwa kama ya gani, ya ce kama ya gani, kada kunyar ɗan sanda ko zugar dangi ta sa ya cika abin da idonsa bai cika ba. Allah ya tsare bayinsa daga shaidar zur da shaidar ruɗu, ya ba mahukunta ikon gyara tun bakin alƙalami bai bushe a kan wani marar laifi ba.